Tseren Grand Prix na Italiya na 1950

Tseren Grand Prix na Italiya na 1950 tseren motoci ne da aka gudanar a filin Monza da ke kusa da birnin Milan a ranar 3 ga Satumba, 1950. Shi ne tsere na bakwai kuma na ƙarshe a gasar direbobi ta duniya ta farko, kuma a cikinsa ne Giuseppe Farina ɗan Italiya ya zama zakaran duniya na farko a Formula One.

Kafin tseren

Direbobi uku ne ke da damar lashe gasar, dukkansu na kamfanin Alfa Romeo: Juan Manuel Fangio ɗan Ajantina da maki 26, Luigi Fagioli da maki 24, sai Farina da maki 22. A lokacin ana bai wa wanda ya zo na ɗaya maki 8, na biyu 6, na uku 4, da maki ɗaya ga wanda ya yi zagaye mafi sauri. Sakamako huɗu mafi kyau na kowane direba kaɗai ake ƙirgawa. Saboda haka nasara kaɗai ba za ta ishi Farina ba, sai Fangio ya gaza zuwa na biyu.

Yadda tseren ya gudana

An yi zagaye 80, jimillar kilomita 504. Fangio ne ya tashi daga gurbin farko, amma Farina ya shige gaba tun da wuri, Alberto Ascari na Ferrari yana biye da shi har injinsa ya lalace. Daga bisani giyar motar Fangio ta samu matsala. Dokar lokacin ta yarda direba ya karɓi motar abokin aikinsa, sai ya hau ta Piero Taruffi, ita ma injinta ya mutu. Ascari ya karɓi motar Dorino Serafini ya ƙare a na biyu, Fagioli ya zo na uku.

Sakamako

Farina ya kammala gasar da maki 30 yana da shekara 43, Fangio da 27, Fagioli da 24. Matsayi na uku bai ƙara wa Fagioli komai ba, domin ya riga ya zo na biyu sau huɗu. Fangio ya lashe gasar a shekarar 1951.