Kalmar Hauka a Cikin Sinimar Faransa

A cikin shekarar 1964 gidan talbijin na Faransa ya buɗe wani shiri na tattaunawa a kan manyan masu shirya sinima, wanda André Labarthe da Janine Bazin suka ƙago. Shirin ya daɗe, ya sake suna, har a 1998 ya zo kan Jean Rouch, aka bi shi Nijar aka ɗauko shi tare da abokin aikinsa Damure Zika. Masanan Faransa suna girmama Rouch ne saboda tasirinsa a kan samarinsu irin su Godard. Abin da ya shafi mai nazarin Hausa kuwa daban ne.

A 1954 Rouch ya ɗauki Les Maîtres fous a Ankara ta Gwalkwas, watau Gana ta yau, a cikin 'yan ci-ranin Nijar. Iskokin da suke hawansu sunansu Hauka. Asalinsu ƙasar Filinge ne, wajen 1925. Wanda suka hau sai ya yi ta fareti, yana sarawa, yana kwaikwayon Gwamna ko Janar. Kwamandan Yamai, Croccichia, ya kama mutanen ya ɗaure. Bai sani ba, ashe gurbi ya yi wa kansa, gama ba a daɗe ba ya zama iska shi ma, ana kiransa Kwamanda Mugu.

To, hauka da mugu duka Hausa ne. Sunan da Rouch ya ba fim ɗin harshen damo gare shi: ko gwanayen hauka, ko iyayengiji mahaukata, watau Turawan mulki. Ma'ana ta biyun, ga alama, ita ce ta fi kusa da nufin waɗanda suka raɗa wa kwamandan suna.

Da aka nuna shi a Faris, malaminsa Marcel Griaule ya nemi a lalata shi, ɗaliban Afirka suka fusata, Ingilishi suka hana nuna shi a Gwalkwas. Amma a 1957 ya ci kyauta a Venice. Gardamar duka a kan idon Rouch ta tsaya. Su iskokin kuwa tafiyarsu suka ci gaba da yi, suka shiga bori da sunan Babule, har ƙasar Kano. Rouch ya rasu a haɗarin mota kusa da Birnin Ƙonni a 2004.