Ƙofa a Rufe: Daga Fadar Musa Zuwa Gidan Rabi

A watan Satumba na 2021, da aka katse layukan waya a Jihar Zamfara aka kuma rufe kasuwannin mako, na yi makonni a gidanmu na Gusau ban ji ɗuriyar kakata da ke Tsafe ba, balle yayata da ke aure a Bunguɗu. A wannan zaman na sake buɗe Magana Jari Ce, sai na ga abin da ya kuɓuce mini ina ɗalibi.

Littattafan da gasar 1933 ta haifar a Zariya, ƙarƙashin kulawar Rupert East, na matafiya ne. Alhaji Imam na Ruwan Bagaja yana keta ƙasashe, Ganɗoki yana yaƙi, Shaihu Umar kuwa bauta ta kai shi har ƙetaren sahara. A cikinsu haɗari yana kan hanya, kuma mai ƙafa yana iya tsere masa.

A 1937 Abubakar Imam ya sauya salo. Sarki Abdurrahman ya tafi yaƙi, ya bar ɗansa Musa a fada, makircin Waziri na jiran yaron a waje. Kullum dare Musa ya yi ɗamarar fita, aku ya tsare shi da labari har gari ya waye. Da muna yara dariyar labaran muke bi. Yanzu na gane kowane labari sakata ce, kuma abin da ke riƙe da mai karatu shi ne fargabar daren da bakin aku zai gaza. Tun da Musa ba ya motsawa, tafiyar duka ta koma cikin zuciyarsa: ɗoki, fushi, da kunyar a ce ɗan sarki ya ɓuya.

Matan da suka shiga rubutu a Kano daga shekarun 1980 sun san katanga fiye da Imam, domin a bayanta aka raine su. A Alhaki Kuykuyo Ne (1990) na Balaraba Ramat Yakubu, ƙuncin Rabi yana cikin gidan Alhaji Abdu, amma babbar barazanar ita ce a kore ta daga cikinsa, ga 'ya'ya tara. A ganina wannan ya fi na Musa ciwo, don shi yana da inda yake marmarin zuwa.

Saƙon kakata ya iso daga baya a bakin wani direba: tana lafiya, kuma kada kowa ya kuskura ya biyo hanya.