Magarya: Itacen Da Kakanninmu Ba Su Shuka Ba



Lokacin da Umaru Nagwamatse, jikan Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, ya kafa Kontagora a 1864, ba wanda ya ɗauki shuka magarya a matsayin aiki. Awaki da shanu ne ke yi mana. Su ci 'ya'yan, ƙwallon ya bi ta cikinsu ɓawonsa ya yi laushi, su kasayar da shi a daji, damina na sauka ya tsiro.

Da haka muka gaji itacen da ya shiga rayuwarmu ta ko'ina. Da ganyensa muke wa mamatanmu wanka kamar yadda Sunna ta koyar. Ƙayarsa shingen gona ce, ganyensa abincin dabbobi ne da rani, 'ya'yansa kuwa duk wanda ya yi ƙuruciya a nan ya tsince su da hunturu.

Yau gonaki sun cinye dajin kiwo, tarakta na tumɓuke ɗan tsiro, masu gawayi na sare manya. Abin da ke fitowa da kansa ya fara ƙaranci.

Maƙwabtanmu na Nijar sun riga mu ganin haka. Daga 1983 manoman Maraɗi suka rungumi sassabin zamani, wato barin tohon itatuwa a gona ana yi masa gyara. Daga baya cibiyar ICRISAT da ke Sadore, kusa da Yamai, ta yaɗa auren magarya: a shuka ta gida daga ƙwallo, sannan a aura mata reshen irin Indiya kamar Gola, mai manyan 'ya'ya. Ko wannan sabon iri, saiwar ta gida yake dogaro da ita.

Shukar ba ta da wuya. A zaɓi nunannun 'ya'ya, a cire naman, a shanya ƙwallon, a fasa shi a hankali. Galibi ƙwaya biyu ce a ciki. A jiƙa ta kwana ɗaya, a shuka a doguwar leda, domin saiwarta ƙasa take nutsawa. A dasa da farkon damina, a kewaye da ƙaya saboda awaki. Cikin 'yan shekaru za ta fara 'ya'ya.

Kakanninmu sun samu magarya kyauta. Jikokinmu kuwa sai mun shuka musu. Hunturun bana, kowane gida ya ajiye ƙwallo goma.

Allah Ya sa mu dace.