Zvonimir Berković: Makaɗin Goge da Ya Koma Rubuta Fim

Bayan Yaƙin Duniya na Biyu, gwamnatin Yugoslabiya ta kafa kamfanin Jadran Film a Zagreb, babban birnin Kuroshiya, a 1946. An samu kyamara da 'yan wasa, amma masu iya tsara labari tun daga kan takarda sun yi ƙaranci. Cikin waɗanda suka cike wannan giɓi akwai Zvonimir Berković, wanda aka haifa a Belgrade a 1928.

Da kiɗa ya fara. Ya koyi goge irin na Turawa, ya yi sharhin kiɗa a jaridu, kuma kunnensa na kiɗa bai taɓa barinsa ba.

Aikin da ya fito da sunansa shi ne H-8, fim ɗin 1958 da ya rubuta tare da Tomislav Butorac, Nikola Tanhofer ya ba da umarni. Tushensa haɗarin gaske ne da aka yi a 1957 a hanyar Zagreb zuwa Belgrade: bas da babbar mota suka yi taho-mu-gama saboda wani direba ya haske su da fitila, ya tsere. Abin da aka iya gani na lambar motarsa shi ne H-8. Marubutan sun yi ƙarfin hali, domin tun a farko suka shaida wa mai kallo cewa mutum takwas za su mutu, amma suka ɓoye ko su wa. Daga nan duk fasinjan da ya canza kujera sai gabanka ya faɗi. Fim ɗin ya ci babbar kyautar bikin finafinai na Pula a wannan shekara.

A 1966 ya rubuta Rondo, ya kuma ba da umarni da kansa. Wani alƙali ne ke zuwa gidan abokinsa kowace Lahadi wasan darar Turawa, a hankali zuciyarsa ta karkata ga matar gidan. Berković ya gina labarin a kan wani kiɗan Mozart mai zagayowa yana maimaita kansa, kowace Lahadi da ɗan bambancinta. A nan ne gwanintarsa ta fi bayyana.

Ya koyar a makarantar wasan kwaikwayo ta Zagreb, ya rasu a 2009. A ƙuri'ar da masu sharhin fim suka kaɗa a 2020, H-8 ne ya zo na ɗaya cikin finafinan Kuroshiya.