Ɗigo ɗaya ya kashe dodo: tarihin alamomin da ke juya wasu alamomi

1/
Masu karanta ƙagaggun labaran sihiri, kun lura da wani salo? Boka ya zana alamar wuta, ya ƙara ɗan layi a gefe, sai wutar ta juya hagu. Ina ganin marubutan ba su suka ƙirƙiro wannan ba, daga tarihin rubutu suka aro shi. Maganar labari ake fa, ba koyar da tsafi ba. Ku biyo ni. 🧵

2/
Mu fara da Misira ta Fir'auna. A rubutunsu na zane akwai alamomin da ba a furta su kwata-kwata. Aikinsu su zauna a ƙarshen kalma su nuna ajinta. Ƙafafu biyu na nufin kalmar ta shafi tafiya. Mutum a zaune na nufin namiji ake magana. Baƙaƙe iri ɗaya, amma alamar ƙarshe ke yanke hukunci.

3/
Su kuwa sun ɗauka zanen yana da rai. A rubutun wasu kaburbura za ka ga zaki an raba shi biyu, maciji an datse shi, tsuntsu babu ƙafa. Dalili: kada harafin ya tashi ya cuci mamacin. Kalmar tana karantuwa, amma an cire mata dafi. Gyara kaɗan a jikin alama ya sauya abin da take iya yi.

4/
Larabci ma da farko babu ɗigo. Ba, ta da sa jikinsu ɗaya ne. Ana jingina ɗigon wasali ga Abul Aswad Addu'ali a ƙarni na 7, sai Khalil bin Ahmad a ƙarni na 8 ya kawo siffar fataha, kisira da rufu'a. Wanda ya yi makarantar allo ya san namu salon: fa ɗigonta a ƙasa, ƙaf ɗigo ɗaya a sama.

5/
Yanzu sai tatsuniya. Yahudawan Turai suna da labarin Golem, ƙaton mutum-mutumin yumɓu. Ana rubuta masa emet a goshi, wato gaskiya, sai ya motsa. In ya gagara, a goge harafin farko, alef. Abin da ya rage shi ne met, matacce. Nan take ya zube ƙasa.

6/
Jacob Grimm na Jamus ya buga wannan labari a 1808. Daga baya aka fi danganta Golem da malamin Yahudawan birnin Prague, Judah Loew, wanda ya mutu a 1609. Abin lura: ba takobi ke kashe dodon ba. Wanda ya san nahawu ne ke kashe shi.

7/
Tolkien, malamin harshe a Oxford, ya shigo da abin cikin adabin zamani. A rubutun Tengwar da ya yi bayani a ƙarshen The Lord of the Rings a 1955, wasula ƙananan alamomi ne da ake ɗorawa kan baƙi. Ninka lanƙwasar harafi kuma ta mayar da t ta koma d. Shi rubutu ya gina. Na bayansa suka mayar da dabarar sihiri.

8/
Misali mafi kyau a ganina: Elantris na Brandon Sanderson, 2005. Ana zana alamomin Aon a iska, a ƙara layi ko ɗigo don a fayyace wa za a warkar, ina, da wane ƙarfi. Sai rana ɗaya sihirin ya mutu, birni guda ya lalace shekara goma. Zan tona ƙarshe, mai son karantawa ya tsallake na gaba.

9/
Ashe tushen kowace alama taswirar ƙasar ce. Girgizar ƙasa ta tsaga wani ƙaton rami, taswira ta canza, alamomin suka zama kuskure. Maganin duka: layi ɗaya da ke wakiltar ramin. Golem ne aka juya. Can an goge harafi an kashe, nan an ƙara layi an rayar.

10/
A Japan, Kamome Shirahama ta fara littafin zane Witch Hat Atelier a 2016. Alamar tsakiya ta faɗi ko wuta ce ko ruwa, na kewaye su faɗi girma da inda za ta nufa, sai an rufe da'ira abu ya tashi. Yarinyar labarin, Coco, ta kwafi zanen da ba ta fahimta ba, mahaifiyarta ta daskare ta zama dutse.

11/
Me ya sa salon ke cin kasuwa? Don yana yi wa mai karatu adalci. In sihiri na da nahawu, marubuci ba zai iya fito da sabon siddabaru daga aljihu a babin ƙarshe ba. Kai ma kana da dokokin a hannu, za ka iya gano maganin kafin jarumi. Kuskure kuma yana da farashi.

12/
Toh mu ma muna da namu. Tun shekarun 1930 boko ya karɓi ƙ, ɗ da ɓ. Ƙafa da kafa, baƙi da baki, ɓata da bata. 'Yar lanƙwasa ce kawai tsakaninsu, amma kullum muna zubar da ita a waya kamar ba komai.

13/
Marubutanmu na littattafan yaƙi, kun ga kayan aiki. Boka ya ɗaga hannu wuta ta fito, mun gani mun gaji. Ku ba mu labarin da mai kwafi ya manta lanƙwasa ɗaya a hatimin ƙofar gari, aka so a tsare baki sai aka tsare baƙi. Wanda ya rubuta ya turo min, ni ne mai saye na farko.