Sten: Bindigar da Tsoro da Gaggawa Suka Ƙera

A ƙarshen watan Mayu da farkon Yuni na 1940, jiragen ruwa manya da ƙanana suka kwaso sojoji kimanin 338,000 daga gaɓar Dunkirk ta Faransa zuwa Ingila. An tsira da rayuka, amma kaya sun zama ganimar Jamusawa: igwa, tankokin yaƙi, motoci da tulin bindigogi duk an bar su a bakin teku. Mutanen Birtaniya suka kwana da shirin cewa ko yau ko gobe Hitila zai tsallako musu. Ga maza nan birjik, amma abin da za su riƙe a hannu ya yi ƙaranci.

Akwai wani nau'in makami ma da Ingila ba ta taɓa ƙerawa ba, wato ƙaramar bindiga mai aman harsasai a jere, wadda ke cin harsashin bindigar hannu, mutum ɗaya ya rataya ta ya yi gudu da ita. Tun 1918 Jamusawa suka shigo da irinta fagen fama, MP18, ƙirar Hugo Schmeisser, domin faɗan cikin ramuka inda doguwar bindiga ba ta da wurin juyawa. Manyan hafsoshin Birtaniya kuwa sun shafe shekara ashirin suna yi mata kallon makamin 'yan fashi, abin da bai dace da sojan kirki ba. Sai da suka ga aikin MP38 a hannun Jamusawa a Faransa sannan suka farga, a lokacin da rana ta riga ta yi nisa.

Da farko suka ruga Amurka sayen Thompson. Bindiga ce mai aminci, amma ga nauyi ga tsada: kowace guda tana cin kimanin dala 200, kuma dole a ɗauko ta ta tekun Atlantika inda jiragen Jamus na ƙarƙashin ruwa ke farautar duk abin da ya gitta. Sai suka kwaikwayi MP28 ta Jamus suka yi Lanchester, wadda akasarinta ya tafi ga sojan ruwa. Ita ma an yi mata aiki irin na lokacin zaman lafiya, da gindin katako da mazaunin gidan harsasai na tagulla, ana feƙe ƙarfenta a inji sannu a hankali. Ƙasar da ke jiran hari ba ta da wannan lokacin.

Daga nan mutum biyu suka shigo labarin: Manjo Reginald Shepherd, jami'i a sashen zanen makamai, da Harold Turpin, babban mai zane a masana'antar bindigogi ta gwamnati da ke Enfield, arewa da Landan. A tsakanin ƙarshen 1940 da farkon 1941 suka fitar da samfurin farko. Sunan da aka raɗa wa bindigar, Sten, haɗin haruffa ne: S na Shepherd, T na Turpin, sai EN na Enfield. Tambayar da suka ɗora wa kansu ita ce ta bambanta su da maƙeran da suka gabata. Ba su nemi bindigar da ta fi kowace kyau ba. Sun nemi wadda mai walda, da mai buga kwano, da macen da ba ta taɓa shiga masana'anta ba za su iya haɗawa cikin 'yan sa'o'i.

Wanda ya warware Sten a kan tabarma zai yi mamakin ƙarancin abin da ke ciki. Jikinta bututun ƙarfe ne kawai. A cikin bututun akwai wani dunƙulen ƙarfe mai nauyi da ke kai da komo, bari mu kira shi sakata, a bayansa kuma sifirin. Idan soja ya ɗana, sakatar tana tsayawa a baya, bakin ɗakin harsashi a buɗe. Da ya ja kunama, sai sifirin ya ingiza sakatar gaba, ta kwaso harsashi guda daga gidan harsasai, ta cusa shi a ɗaki, wani ɗan tsini da ke fuskarta ya daki gindinsa. Ƙarfin albarushin da ya kori harsashin gaba shi ne kuma ke turo kwanson baya, kwanson ya tura sakatar, ta jefar da shi waje, sifirin ya sake dawo da ita. Babu wani makulli da ke riƙe sakatar lokacin fashewa. Nauyinta kaɗai ke jinkirta ta har harsashi ya bar bakin bindiga. Haka za ta yi ta yi muddin yatsa na kan kunama. Akwai kuma ɗan maɓalli a gefe da ake dannawa idan ana so ta riƙa fitar da ɗaiɗai.

Samfurin farko ya zo da ɗan katako a mariƙi da wani mazurarin ɓoye walƙiya a baki. Kamfanin da ya ƙera shi ba baƙo ba ne a ƙasar Hausa: Singer ne, mai keken ɗinkin da telolinmu suka sani, a babbar masana'antarsa ta Clydebank a Sikotland. Ba a jima ba aka cire katakon da duk wani abin da bindiga za ta iya tashi ba tare da shi ba, aka sami samfuri na biyu, wanda shi ne ya cika duniya, domin an yi sama da miliyan 2. Nauyinsa kilo 3 da 'yan kai, tsawonsa santimita 76, hancinsa bai cika santimita 20 ba. Ana kwance hancin a zare gindin, bindigar ta shige jakar hannu. Ƙananan shaguna da dama ne ke buga sassanta, a tara a kai manyan masana'antu kamar Fazakerley kusa da Liverpool da BSA a Birmingham a haɗa. A Kanada ma an yi ta a Long Branch, gefen Toronto. Samfuri na uku kuwa kamfanin Lines Brothers ne ya tsara shi, kamfanin da sana'arsa kafin yaƙi ita ce kayan wasan yara na kwano. Suka rage sassan zuwa 47, suka fitar da sama da 800,000. Kafin a gama yaƙi an ƙera Sten kusan miliyan 4, kuɗin kowace bai wuce kimanin dala 10 ba. Da kuɗin Thompson guda, ana iya ba mutum ashirin makami.

Harsashinta kuwa na abokin gaba ne. Georg Luger ne ya tsara shi a farkon ƙarni na 20 domin bindigar hannunsa, kamfanin DWM na Jamus ya fitar da shi da sunan Parabellum. Kaurinsa milimita 9, tsawon kwansonsa milimita 19. Shi ne abincin MP38 da MP40, ƙananan bindigogin Jamusawa, don haka duk wanda ya riƙe Sten a ƙasar da Jamus ta mamaye yana iya ciyar da ita daga abin da ya ƙwace. Ƙwayar harsashin ba ta wuce giram 8 ba, tana barin bakin Sten da gudun kimanin mita 365 a daƙiƙa. A gwada da Lee-Enfield, doguwar bindigar sojan Ingila, wadda ƙwayarta ta haura giram 11 kuma take fita da ninkin wannan gudun: ƙarfin dukanta ya ninka na Sten wajen sau shida. Wannan raunin shi ne sirrin sauƙin ƙirar. Da harsashin ya kai na Lee-Enfield ƙarfi, da nauyin sakata kaɗai bai isa ya tare shi ba.

Abin da ta rasa a ƙarfi, ta rama a yawa. Tana aman harsashi kimanin 500 a minti, ke nan gidan harsasai mai cin 32 yana ƙarewa kafin daƙiƙa huɗu. Saitinta a kafe yake a kan yadi 100, ba a ɗagawa ba a saukewa, kuma bayan wannan tazarar sa'a ce ke aiki. Wurin cin kasuwarta lungu ne da ɗaki da rami da duhun kurmi, inda abokan gaba ke haɗuwa gaba da gaba, wanda ya riga sakin wuta shi ke kwana a duniya. A tsarin sojan Ingila, rukunin mutum goma yana da babbar bindiga mai aman harsasai guda, wato Bren, yawancin sauran suna da Lee-Enfield, kofur mai jagorancinsu shi ke rataye ƙaramar bindiga.

A gidan harsasan ne matsala ta kwanta, kuma shi ma kwafi ne daga ƙirar Jamus. Harsasai suna zama layi biyu a ciki, amma a baki sai su matse su koma layi ɗaya kafin sakata ta ɗauka. Ƙura kaɗan, ko ɗan lanƙwasar leɓen ƙarfen, ta isa ta sa su cije. Sifirin ɗinsa yana da tauri har sai da wani ɗan ƙarfe na musamman ake cusa na ƙarshe, kuma gogaggun sojoji sukan tsaya a 28 ko 30 don kada ya gaji. An maƙala gidan ta gefen hagu domin mutum ya iya harbi yana kwance rub da ciki, dabara mai kyau. Amma hannu yakan kai kansa can ya riƙe shi a matsayin mariƙi, riƙon kuma ya karkatar da shi, harsashi ya shiga a kaikaice.

Ranar 27 ga Mayu 1942, a wata kwana mai tsanani a birnin Prague, Jozef Gabčík ya sha gaban buɗaɗɗiyar motar Reinhard Heydrich, mai mulkin ƙasar Cek a madadin Hitila kuma ɗaya daga cikin jagororin kisan kiyashin Yahudawa. An horar da Gabčík a Birtaniya, an sauke shi da laima tun watan Disamba, ya yi wata biyar yana jiran wannan daƙiƙar. Ya fiddo Sten daga ƙarƙashin rigarsa, ya auna, ya ja kunama. Bindiga ta cije. Abokinsa Jan Kubiš ne ya wurga gurnetin da ya raunata Heydrich, wanda ya mutu ranar 4 ga Yuni. Ramuwar Jamusawa ta faɗa kan ƙauyen Lidice: ranar 10 ga wata suka harbe mazan, suka kwashe mata da yara, suka baje garin. Gabčík da Kubiš suka rasu ranar 18 ga Yuni a cocin da suka ɓuya, bayan an yi musu ƙawanya.

Aibin Sten na biyu kishiyar na farko ne: tashi ba a taɓa ta ba. Idan sakata tana gaba, ga gidan harsasai a maƙale, bindigar ta faɗi ta gindi, nauyin sakatar yakan ja ta baya daidai yadda za ta kwaso harsashi amma ba ta kai inda kunama za ta kama ta ba. Sai ta dawo ta harba. Sojoji sun jikkata a haka, wasu sun mutu, wajen dira daga mota ko tsallake katanga. Daga baya aka huda rami a jikin bututun inda ake danna hannun sakata a kulle ta. Ramin nan guda ne, bai ci kuɗi ba bai ci lokaci ba, kuma a ganina babu uzurin da zai wanke jinkirin yin sa. Gaggawar 1941 tana da hujja. Amma arahar da Baitulmali ya samu, samarin da suka rungumi bindigar ne suka cika kuɗinta da jininsu. Ba banza ba sojoji suka riƙa yi mata laƙabi da aikin mai gyaran famfo.

Duk da haka, munin nata ne ya kai ta inda kyakkyawar bindiga ba za ta je ba. Jiragen saman Birtaniya sun yi ta jefa ta da laima cikin dare ga masu gwagwarmaya a Faransa da sauran ƙasashen da aka mamaye. An yi wani samfuri mai toshe ƙara, wanda aka huhhuda hancinsa don harsashi ya fita ƙasa da gudun sauti. A Denmark da Norway da Poland, mutane suka riƙa ƙera ta a ɓoye cikin shagunan gyara. 'Yan Poland ma suka ɗauki dabararta suka yi tasu, Błyskawica, wadda ta yi aiki a boren Warsaw na Agusta 1944. Da ƙasa ta tsuke wa Jamus, ita ma sai ta bi sahu: kamfanin Mauser ya kwafi Sten tsaf a ƙarshen 1944, a 1945 kuma aka fito da MP 3008, Sten ce da aka mai da gidan harsasanta ƙasa. Masu MP40 suka koma kwaikwayon bututun da aka yi don tsoronsu.

Sten ta isa Burma ma, fagen da runduna ta 81 da ta 82 na Afirka ta Yamma, cike da 'ya'yan ƙasar Hausa, suka yi yaƙi da Japanawa daga 1943 zuwa 1945, a kwarin Kaladan da yankin Arakan, wasu kuma cikin dakarun Chindit da har yau barikin Zariya ke amsa sunansu. Kurmin can shi ne irin filin da aka yi ta dominsa, laka da damina kuma su ne abin da gidan harsasanta ya fi tsana.

A 1944, da hankali ya ɗan kwanta, aka fito da samfuri na biyar, mai gindin katako da mariƙi da saitin Lee-Enfield da wurin maƙala wuƙa a baki. Shi sojojin laima suka riƙe a yaƙin Arnhem na ƙasar Holan cikin watan Satumba. An gyara jiki, amma gidan harsasai yana nan yadda yake. Sai a 1953 sojan Birtaniya ya karɓi sabuwar bindiga mai suna Sterling, ƙirar George Patchett. Harsashin bai canja ba, sakata da sifirin ma haka, gidan yana nan ta hagu. Abin da Patchett ya sake shi ne gidan kansa: ya lanƙwasa shi, ya sa masa 'yan ƙarafa masu gangarawa a ƙarƙashin harsasai 34, ya kuma bar layin nan biyu su isa baki ba tare da sun matse ba.