Rahama Sadau: Tarihin jarumar da aka kora daga Kannywood ta kai Bollywood

Rahama Ibrahim Sadau jarumar fim ce kuma furodusa, wadda aka haifa a garin Kaduna ranar 7 ga Disambar 1993. Tana daga cikin 'yan ƙalilan ɗin jaruman finafinan Hausa da suka fito a Kannywood da Nollywood da kuma Bollywood, kuma da wuya a samu wata 'yar fim a Arewa da aka yi muhawara a kanta kamar ita a shekaru goman da suka gabata.

A Kaduna ta tashi, a nan ta yi karatun firamare da sakandare. Tun tana ƙarama ta shaƙu da finafinan Indiya, har ta kai ga iya magana da Indiyanci ba tare da ta zauna a ajin koyon harshen ba. Wannan ba baƙon abu ba ne a ƙasar Hausa, inda gidajen silima na 'yan kasuwar Labanan suka fara haska finafinan Indiya tun kafin a haifi iyayen mafi yawan jaruman yanzu. Daga can ne finafinan Hausa suka aro rawa da waƙa da labarin soyayyar da iyaye ke hanawa. Bambancin Rahama da sauran masu kallo shi ne ta mayar da abin jari. Daga baya ta yi digiri a fannin kula da ma'aikata a Jami'ar Eastern Mediterranean da ke Arewacin Cyprus.

Ta shiga harkar fim a 2013 ta hannun Ali Nuhu, kuma fim ɗin Gani Ga Wane ne ya fito da ita sarari. Finafinai irin su Jinin Jikina da Mati da Lado da Halacci suka biyo baya. A 2014 da 2015 ta lashe kambun gwarzuwar jaruma ta Kannywood a gasar City People da ake yi a Legas. Cikin shekara biyu kacal ta shiga sahun matan da furodusoshi ke rububin sa hotonsu a jikin fasta, domin a wancan lokaci fuskar jaruma ce ke sayar da faifai a Kasuwar Ƙofar Wambai.

Shekarar 2016 ce ta sauya akalar rayuwarta, kuma ba za a fahimci abin da ya same ta ba sai an duba yanayin da masana'antar take ciki a lokacin. A tsakiyar shekarar Gwamnatin Tarayya ta bayyana shirin gina dandalin shirya finafinai na kimanin Naira biliyan 3 a garin Ƙofa da ke Ƙaramar Hukumar Bebeji a kudancin Jihar Kano, mahaifar ɗan majalisar tarayya mai wakiltar Kiru da Bebeji, Abdulmumin Jibrin. Masu goyon bayan aikin sun ce zai samar wa matasan yankin sana'a, ya kuma buɗe kasuwa ga masu abinci da direbobi da maɗinka. Malamai da dama kuwa suka hau mumbari suka ce ƙofar lalata tarbiyya za a buɗe. Cikin 'yan makonni gwamnati ta janye shirin. 'Yan fim suka fita daga wannan dambarwa da rauni, kowa na neman hanyar nuna wa jama'a cewa masana'antar tana iya tsawatar wa 'ya'yanta.

Ana cikin haka sai ga bidiyon waƙar mawaƙi ClassiQ mai suna I Love You, inda Rahama ta fito a matsayin mai sayar da kayan marmari, aka kuma nuna su suna riƙe hannu da rungumar juna. A farkon Oktoban 2016 ƙungiyar masu shirya finafinai ta MOPPAN ta sanar da korar ta daga Kannywood, bisa hujjar cewa ta keta ƙa'idar da ta hana namiji da mace taɓa juna a gaban kyamara. Ƙa'idar ba sabuwa ba ce. Tana nan tun bayan kafa Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano a 2001. Rahama ta fito ta nemi afuwar waɗanda abin ya ɓata wa rai. Sai dai masu sharhi sun lura cewa nauyin hukuncin a kan macen ya faɗa, tambayar da har yau ake maimaitawa duk lokacin da aka dakatar da wata jaruma.

Korar ba ta durƙusar da ita ba. A watan da aka kore ta ne tashar EbonyLife ta Mo Abudu ta fara haska shirin Sons of the Caliphate, wanda ta fito a cikinsa a matsayin Binta Kutigi. Labarin korar ya shiga manyan kafofin yaɗa labarai na duniya, har mawaƙi Akon ya gayyace ta Amurka. Ƙofofin Legas suka buɗe: ta fito a shirin MTV Shuga, sannan a 2018 ta fito a Up North, fim ɗin da Tope Oshin ta ba da umarni, aka ɗauka a Bauchi tare da Banky W da Adesua Etomi. Abin da ya ba ta daraja a wajen masu shirya fim na Kudu a fili yake. Suna buƙatar wadda za ta taka rawar 'yar Arewa da Hausa ta gaske da Turanci mai kyau, ba irin kwaikwayon Bahaushe mai gwaranci da aka daɗe ana yi a finafinansu ba.

Duk da haka ba ta saki kasuwar gida ba. Ta kafa kamfaninta na Sadau Pictures, ta shirya Rariya a 2017, fim ɗin da ya taɓo rayuwar 'yan matan jami'a, wanda Yaseen Auwal ya ba da umarni. A shekarar ta rubuta wa MOPPAN takardar neman gafara, daga bisani aka yi mata sassauci. A 2020 ta fitar da Mati a Zazzau, inda Sadiq Sani Sadiq ya ja ragama. Wannan mataki na komawa furodusa ya zo a kan gaɓa, domin cinikin faifai ya riga ya mutu a hannun masu satar fasaha da masu tura finafinai a waya, kuɗin ya koma silima da tashoshi irin su Arewa24 da kuma YouTube. Jarumar da ba ta mallaki fim ba, ladan aiki kawai take karɓa ta tafi.

A farkon Nuwamban 2020 wata ƙurar ta sake tashi, wadda ta fi ta farko haɗari. Ta wallafa hotunanta sanye da doguwar riga mai buɗaɗɗen baya a shafukanta na sada zumunta, sai wani ya yi tsokaci na ɓatanci ga Manzon Allah (SAW) a ƙarƙashin hotunan. Jama'a suka fusata, har da abokan sana'arta da dama. Ta goge hotunan, ta fito a bidiyo cikin hawaye tana barranta daga kalaman tare da neman yafiyar Musulmi. MOPPAN ta sake juya mata baya.

Bayan wannan ta ƙara karkata ga ayyukan waje. Ta fito a Chief Daddy 2, wanda Netflix ta saki a farkon 2022. A watan Yulin shekarar kuma aka fitar da Khuda Haafiz: Chapter 2 na darakta Faruk Kabir, wanda Vidyut Jammwal ya jagoranta, da Rahama a cikin 'yan wasan. Rawar da ta taka ƙarama ce, kuma wasu masoyanta da suka ɗauka ita ce tauraruwar fim ɗin sun yi ƙorafi a kan hakan. A bayan fage kuwa, bidiyoyin da ta riƙa wallafawa daga Indiya sun nuna ta tana hira da abokan aikinta cikin harshen da ta koya a gaban talabijin a Kaduna.